Kama Da Wane Ba Ta Wane: Rikicin Sunaye A Kan Iyakar Jibiya

Duk wanda ya taɓa tsayawa a tashar mota ta Magama, a bakin iyakar Jibiya, ya ɗaga murya ya ce "Malam Sani!", ya san cewa ba mutum ɗaya ne zai waiwayo ba. Direba zai waiwayo, ɗan kamasho zai waiwayo, mai shayi da ɗan canji su ma za su ɗago kai. A tasha wannan abin dariya ne, domin nan take mai kira zai gyara zancensa ya ce Sani Dogo yake nufi, ko Sani na Ɗan Isa, sai sauran su koma harkokinsu. Amma idan aka bar tasha aka shiga ofishin da jami'i ke riƙe da jerin sunayen waɗanda ake nema ruwa a jallo, ko aka je banki, ko gaban alƙali a kan rabon gado, to sau da yawa dariyar kan koma kuka.

Matsalar da nake so mu duba a yau fuska biyu gare ta. Ta farko, mutane da yawa suna amsa suna guda. Ta biyu, mutum guda yana ɗauke da sunaye da yawa, gwargwadon yawan ofisoshin da suka taɓa rubuta sunansa. Duk wanda ya fita neman wani, ko neman takardunsa, ko lambar wayarsa, a tsakanin Katsina da Maraɗi, sai ya yi karo da ɗaya daga cikin biyun nan, wani lokaci ma da dukkansu a rana ɗaya.

Bari mu fara da ta farko. Sunan yanka a ƙasar Hausa daga rumbu ƙarami ake ɗebo shi, wato sunayen annabawa da sahabbai da iyalan gidan Manzon Allah (SAW), kuma iyaye suna yin haka ne don neman albarka. Bugu da ƙari, al'ada ta tanadi a mayar wa jariri da sunan kakansa ko na wani babba a dangi, saboda haka a gida ɗaya sai a sami masu suna guda uku ko huɗu. Mu yi ɗan lissafi na misali. A ƙidayar 2006 an ce mutanen Ƙaramar Hukumar Jibiya sun kai kimanin 170,000. Mu ɗauka rabinsu maza ne, mu kuma ɗauka rabin mazan nan da iyayensu maza suna amsa ɗaya daga cikin sunaye 30 da aka fi yawan raɗawa. Idan aka haɗa sunan ɗa da na uba, abin da za a samu bai wuce haɗi 900 ba, ke nan kowane haɗi zai faɗa a kan mutum kusan 50. A ƙaramar hukuma ɗaya ke nan, ba a zo ga Batsari da Kaita da Madarunfa ba.

To, yaya aka yi kakanninmu ba su ruɗe ba? Amsa ita ce, Bahaushe bai taɓa dogara da sunan yanka shi kaɗai wajen gane mutum ba. Akwai sunan rana, irin su Ɗanladi da Ɗanjuma da Balarabe da Talatu da Asabe. Akwai sunan yanayin haihuwa, kamar Gambo mai bin tagwaye da Tanko ƙanen mata. Akwai lissafin Muhammadu a gida guda: Sani da Salisu da Rabi'u da Hamisu. Akwai laƙabin da ke bin kowane suna, inda Abubakar ke zama Garba, Usman ya zama Shehu, Umar ya zama Sanda, Yusuf ya zama Maitama, Hauwa ta zama Kulu, A'isha ta zama Indo. Akwai alkunya, wadda ke hana uwa faɗin sunan ɗanta na fari, ta kuma sa a riƙa kiran mai sunan kaka da Abba ko Baffa ko Ummi. Sannan ga sana'a da siffa da unguwa. Waɗannan duka idan suka haɗu, sai su zama adireshi cikakke wanda babu wanda ke tarayya da wani a cikinsa, kuma mai unguwa da limami da wanzami su ne ma'ajiyar wannan adireshi.

Makarantun boko na farko sun fahimci wannan buƙata, shi ya sa ɗalibai da dama suka fito da sunayen garuruwansu a manne da nasu. Ta haka muka sami Abubakar Tafawa Ɓalewa da Aminu Kano da Sa'adu Zungur da Isa Kaita da Shehu Shagari. Amma takardun hukuma na yau sun zo da gurbi uku kacal: sunan farko, na tsakiya, da sunan dangi. Bahaushe kuwa ba shi da sunan dangi irin na Turawa, wanda ake gada daga kaka zuwa jika. Saboda haka yau sai ya cike gurbin da sunan ubansa, gobe da na kakansa, jibi da na garinsu. Duk bayanin da ke bambanta shi da takwaransa an bar shi a bakin ƙofar ofis.

Sai fuska ta biyu, wadda a Jibiya ta fi ko'ina fitowa fili. Mutanen Jibiya da na Ɗan Isa da na Maraɗi dangin juna ne. Tarihi ya nuna cewa sarakunan Katsina da jihadi ya raba da birninsu a farkon ƙarni na 19 su ne suka kafa daular Maraɗi, kuma har gobe sarautar Sarkin Katsina ake yi a can. Ingila da Faransa ne suka shata iyaka a tsakani, aka kafa turakunta daga 1906 zuwa 1908. Tun daga lokacin, suna guda ya sami alƙalami biyu. Ma'aikacin da ya yi lakwal yana rubuta "ou" a inda ɗan makarantar boko ke rubuta "u", yana sa "ch" a gurbin "sh", da "dj" a gurbin "j". Usman ya koma Ousmane, Musa ya koma Moussa, Shu'aibu ya koma Chaibou, Yusufu ya koma Issoufou, A'ishatu ta koma Aïchatou. Mai karatu ya lura da cewa a sunaye da dama harafin farko ma ya canza. Wanda ke neman Yusuf a ƙarƙashin "Y" ba zai taɓa leƙa "I" ba, mai neman Shu'aibu a "S" ba zai je "C" ba, kwamfuta kuwa abin da aka buga mata kawai take nema.

Mu dubi shugabannin ƙasashen biyu. Nijar ta yi Mahamane Ousmane da Mamadou Tandja da Mahamadou Issoufou da Mohamed Bazoum, Nijeriya ta yi Murtala Muhammed da Muhammadu Buhari. Sunan Annabi ne duka, amma rubutu shida. Yanzu a ɗauki wani falke, a misali, wanda aka raɗa wa Usman, mahaifinsa kuma Abubakar. A katin zaɓensa Usman Abubakar ne. A kasuwa kowa ya san shi da Shehu Garba. A takardar rumfarsa ta Maraɗi, Ousmane Boubacar. Bai yi ƙarya ko sau ɗaya ba, amma a idon na'ura mutum uku ne, kuma kowane ɗaya daga cikin ukun yana da takwarori masu yawa.

Kada a ɗauka wannan matsalar talaka ce kawai. A shari'ar zaɓen shugaban ƙasa na 2019, an yi doguwar muhawara a kan takardar jarrabawar 1961 ta makarantar sakandaren lardi ta Katsina, wadda ke ɗauke da "Mohamed Buhari" alhali ɗan takara yana rubuta "Muhammadu", har sai da kotun sauraron ƙararrakin zaɓe ta bayyana a watan Satumba na shekarar cewa mutum guda ake nufi. A Bayelsa kuwa abin bai zo da sauƙi ba. A ranar 13 ga Fabrairu, 2020, ana gobe rantsarwa, Kotun Ƙoli ta soke nasarar David Lyon saboda saɓanin sunayen da ke cikin takardun mataimakinsa. Idan masu manyan lauyoyi sun sha wannan gumi, ina ga mai sayar da wake da aka tsayar a shinge?

Abin da ke faruwa idan aka dogara da suna kaɗai a kan iyaka, duniya ta riga ta gani. A ranar 31 ga Disamba, 2003, aka sauke wani Bajamushe ɗan asalin Labanan mai suna Khaled el-Masri daga motar safa a kan iyakar Masedoniya, saboda sunansa ya yi kama da na wani da ake zargi da alaƙa da Alƙa'ida. Aka miƙa shi ga hukumar leƙen asirin Amurka, aka kai shi Afganistan, ba a sake shi ba sai a watan Mayu na 2004, bayan an gane cewa ba shi ake nema ba. A Disambar 2012 Kotun Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Turai ta sami Masedoniya da laifi. Ga kuma ɗaya gefen, wanda ya shafe mu kai tsaye. A watan Nuwamba na 2009, mahaifin Umar Faruk Abdulmutallab, dattijo ɗan asalin Funtuwa, ya kai ƙorafin ɗansa ofishin jakadancin Amurka a Abuja. Rahoton da fadar shugaban Amurka ta fitar a Janairun 2010 ya nuna cewa kuskuren rubuta sunan yaron ya sa da farko aka ɗauka ba shi da bizar shiga ƙasar. A ranar 25 ga Disamba, 2009, ya hau jirgin Ditiroit da bam a jikinsa. Kamannin suna ya sa an kama wanda bai ji ba bai gani ba, bambancin harafi kuma ya taimaka wanda ya kamata a sa wa ido ya sulale. Wannan fa a ƙasar da ta fi kowa kayan aiki ke nan.

Me ya sa maganar ta zama ta gaggawa a Jibiya? Dalili shi ne abubuwan da suka auku a 'yan shekarun nan sun ɗaiɗaita mutane sun kuma yanke hanyoyin da suke bi su sami juna. Nijeriya ta rufe iyakokinta na ƙasa a Agustan 2019, ba a buɗe ta Jibiya ba sai Afrilun 2022. Bayan juyin mulkin 26 ga Yuli, 2023 a Yamai, aka sake rufewa har zuwa Maris na 2024. A Satumbar 2019 Hukumar Kula da 'Yan Gudun Hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce sama da mutum 40,000 daga Sakkwato da Zamfara da Katsina sun tsallaka yankin Maraɗi saboda hare-haren 'yan bindiga, kuma wanda ya gudu da tsakar dare ba ya tsayawa ɗaukar takardu. A Satumbar 2021 aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina, har da Jibiya, na tsawon watanni. Sannan a ranar 29 ga Janairu, 2025, Nijar ta kammala ficewa daga ECOWAS, ƙungiyar da yarjejeniyarta ta 1979 ta ba mutanen yankin damar zirga-zirga ba tare da biza ba. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan ya ƙara yawan masu cigiya, ya ƙara yawan shingaye, ya kuma ƙara wa takarda daraja a kan shaidar baki.

Ni kaina na ɗanɗana. Wani ƙanen mahaifina da ya shafe shekaru yana fatauci tsakanin Katsina da Maraɗi ya rasu, muka tashi tattara abin da ya bari don a raba wa magada. Takardunsa na can da na nan sun saɓa a rubutu da kuma jerin sunaye, sai da muka yi watanni muna kai da kawowa a wani ofis kafin a yarda cewa mamacin guda ne. A cikin littafin bashinsa kuma muka ga sunan wani da ya karɓi kaya bai biya ba. Wani ɗan uwa ya samo mana lambar waya mai ɗauke da wannan suna daidai, muka kira muka yi wa bawan Allah magana mai zafi, ashe takwara ne, bai taɓa taka Maraɗi ba. Wanda ya warware mana zaren a ƙarshe wani tsohon dillali ne, da ya ji laƙabin mutumin da irin kayan da yake saye, nan take ya faɗi ƙauyensu da sunan maigidan da yake sauka a wurinsa. Har yau ina jin kunyar wancan kiran waya.

Wani zai ce ai lamba ta zo ta raba gardama. Gaskiya ne an sami ci gaba. An kafa Hukumar Katin Ɗan Ƙasa, NIMC, da dokar 2007, aka fara rajistar layukan waya a 2011, Babban Banki ya ɓullo da BVN a 2014, aka ba da umarnin haɗa layin waya da lambar NIN a Disambar 2020, kuma tun 2023 waɗanda suka mallaki NIN suka haura miliyan 100. Zanen yatsa ba ya da takwara. Sai dai akwai giɓi uku. Na ɗaya, lambar Nijeriya a Magama take tsayawa, ba ta da ma'ana ga jami'in Ɗan Isa, kamar yadda katin Nijar ba ya cikin na'urar jami'inmu. Na biyu, jita-jita da ƙorafi da rahoton sirri duk da suna suke zuwa, ba sa zuwa da lamba. A yankin da zargin zama infoma na 'yan bindiga ke iya jawo wa mutum rasa ransa kafin a kai ga bincike, kamannin suna ba ƙaramin haɗari ba ne. Na uku, dattijan da ba a rubuta haihuwarsu ba, da yawansu an ba su 1 ga Janairu a matsayin ranar haihuwa, a Nijar kuma takan rubuta cewa an haifi mutum wajajen shekara kaza. Ke nan ranar haihuwar da ake sa ran za ta raba takwarori, ita ma ta zama iri ɗaya.

Akwai kuma haɗarin da ke tattare da sauƙin nema. A 2024 ƙungiyar Paradigm Initiative ta fallasa wasu shafukan intanet da ke sayar da bayanan 'yan Nijeriya, har da NIN da BVN da lambar waya, a kan kuɗin da ya fara daga Naira 100 kacal. A yankin da ake satar mutane don kuɗin fansa, rumbun bayanan da kowa zai iya buɗewa makami ne a hannun ɓarayi. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta buɗe kundin gwamnati ga jama'a, amma ta keɓe bayanan sirrin mutum, kuma Dokar Kare Bayanai ta 2023 ta ƙara jaddada haka. Saboda haka maganin ba shi ne a baje sunan kowa da lambarsa a faifai ba. Abin da ake buƙata shi ne mai haƙƙin nema ya sami wanda yake nema daidai, wanda ba a nema kuma a bar shi ya sha iska.

Ga shawarwarina. Da farko, masana harshe na ƙasashen biyu su zauna su fitar da kundin sunaye, wanda zai jera kowane suna da dukkan rubuce-rubucensa na Hausa da Ingilishi da Faransanci da Larabci, tare da laƙubbansa. An yi taron daidaita rubutu a Bamako a 1966, aka yi wani a Yamai a 1980, amma sunayen mutane a takardun hukuma suna nan yadda Turawa suka bar su. Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa ta Katsina da Jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo ta Maraɗi suna da ƙwararrun da za su iya wannan aiki, kuma Hukumar Haɗin Gwiwar Nijeriya da Nijar, wadda aka kafa a 1971, ita ce inuwar da ta dace. Tunda Nijar ta ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa a 2025, babu lokacin da ya fi wannan dacewa. Ba ina kira a tilasta wa kowa canza rubutun sunansa ba ne. A koya wa na'ura cewa Issoufou da Yusuf suna guda ne, shi ke nan.

Na biyu, a faɗaɗa takardun cikewa su karɓi sunan kaka da na uwa da laƙabi da ƙauyen haihuwa, su kuma karɓi haruffa masu ƙugiya da alamar hamza, domin Sa'adu da Rabi'u da Ɗahiru su daina rasa gaɓoɓinsu a cikin kwamfuta. Na uku, ya zama ƙa'ida a kowane shinge cewa ba a tsare mutum a kan suna kawai sai an sami ƙarin shaida, kamar hoto ko zanen yatsa, kuma wanda aka taɓa tsarewa bisa kuskure a ba shi takardar wankewa, don kada a maimaita masa a shinge na gaba. Na huɗu, Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa, wadda doka ta ɗora wa rajistar haihuwa, ta haɗa hannu da limamai da masu unguwanni da ungozomomi, ta yadda ranar suna za ta zama ranar rajista, a rubuta sunan sau ɗaya yadda iyaye suka faɗe shi.

Mu kuma jama'a muna da namu aikin. Mai neman wani kada ya tsaya ga suna biyu. Ya tattara sunan kaka da laƙabi da sana'a da ƙauye, ya gwada kowane irin rubutu, ya bi ta hannun mai unguwa da sarkin tasha da maigidan fatake, ya ba da cigiya a rediyo. Idan rikici ne ya raba shi da ɗan uwansa, ƙungiyar agaji ta Red Cross tana da sashen sada iyalai da ke aiki kyauta a ƙasashen biyu. Sunan da manhajar waya ke nunawa ba hujja ba ne, domin kamfanoni kan sake sayar da layin da aka daɗe ba a yi amfani da shi ba. Uwa uba, kada a ɗora hoton mutum da lambarsa a Facebook ko WhatsApp da zargin sata ko cin amana don kawai sunansa ya zo daidai. Alƙur'ani ya umarce mu da yin bincike a kan labari kafin mu cutar da mutane cikin jahilci mu wayi gari muna nadama. Iyaye kuma su zaɓi rubutu guda na sunan ɗansu tun daga firamare, su tsaya a kansa, domin tun 2021 ba a rajistar jarrabawar JAMB sai da NIN, kuma saɓanin harafi ɗaya na iya jawo wa yaro dogon zarya tsakanin kotu da gidan jarida.

Hausawa na cewa suna linzami ne. To, linzami idan aka ja shi a kan dokin da ba shi ake nufi ba, wanda ake nema ya tsere, wanda aka kama ya wahala a banza. Iyakar Jibiya ta raba gwamnatoci biyu amma ba ta raba dangi ba, kuma mutanen da ke ƙetare ta kullum da buhun gero da akwatin lefe da gawar ɗan uwa sun cancanci a san su da sunayensu na gaskiya. Ina fata hukumomin da abin ya shafa a Abuja da Yamai da Katsina da Maraɗi za su duba wannan magana da idon basira. Allah Ya kare mu daga ɗaukar alhakin wanda bai ji ba bai gani ba, Ya sada kowane mai cigiya da abin cigiyarsa, amin.